Okabango: Kogin da Ba Ya Zuwa Teku

Tsarki ya tabbata ga Allah da ya halicci ruwa, ya kuma shata wa kowane kogi hanyarsa. Manyan kogunan Afirka da muka haddace tun muna firamare, Kwara da Nilu da Kwango, duk teku suke nufa. A kudancin nahiyar kuwa akwai wani da ake kira Okabango, wanda yake tasowa daga tsaunukan Angola, ya ratsa wani siririn yanki na Namibiya, ya shiga arewacin Botswana. Bayan tafiyar kimanin kilomita 1,600 sai ya baje a kan yashin Kalahari, ya tsaya nan. A ƙarƙashin yashin ƙasa ta tsage ta ɗan nutse, tsagin da ke kudu ya tare masa gaba, shi ya sa ruwan ya rarrabu kamar yatsun hannu, ya zama fadama da tafkuna da tsibirai iyakar ganin ido.

Abin da ya fi ɗaure kai shi ne lokacin zuwan ruwan. Damina takan sauka a tsaunukan Angola daga wajen Nuwamba zuwa Maris. Ambaliyar takan shigo Botswana ta wani wuri da ake kira Mohembo a wajen Maris ko Afrilu, daga nan kuma sai tafiyar ta koma rarrafe. Tsakanin bakin fadamar da garin Maun da ke ƙarshenta kimanin kilomita 250 ne, amma gangaren duka bai wuce mita 60 ba, ga ciyayi sun cushe hanya. Saboda haka sai ruwan ya shafe wajen wata huɗu kafin ya kai. Yana cika fadamar tsakanin Yuni da Agusta, lokacin da mu a nan muke tsakiyar damina, su kuwa can suna tsakiyar rani, sama tas babu ko gajimare, kududdufan daji duk sun ƙafe. A daidai wannan ƙishi ne fadamar take kumbura daga murabba'in kilomita kusan 6,000 zuwa wajen 15,000. Giwaye da ɓauna da jakunan dawa su baro busasshen daji su nufo ta, zakuna na biye da su. Da ruwan yana da sauri, da ya iso cikin damina lokacin da babu mai bukatarsa. Wanda ya jinkirta shi ya san halin bayinsa.

Mutum yana iya kallon wannan wuri daga ƙaramin jirgin sama, yana iya kewaya gefensa da mota. A ganina wanda bai shiga kwalekwale ba bai ga Okabango ba. Mutanen wurin suna kiran kwalekwalensu mokoro, kuma ƙabilar Bayei ce ta shahara da shi. A da ana sassaƙa shi daga gungumen babban itace, musamman kanya, wadda muka sani a dazukanmu. Yanzu yawanci da wata irin roba mai ƙarfi ake ƙera shi, don a bar manyan itatuwa su rayu. Baƙi biyu suke zama a ciki, jagora yana tsaye a baya da doguwar sandarsa mai suna ngashi, yana dogara ta a yashin ƙasan ruwa yana tura su. Akwai kuma masu shirya tafiyar kwanaki a siririn kwalekwalen Turawa da ake kira kayak, inda baƙo yake tuƙa kansa yana bin jagora, dare ya yi a kafa tanti a tsibiri.

Amfanin kwalekwale shi ne shiru da kusanci. Babu inji, babu hayaƙi, kuma idon mai kallo yana daidai da furen bado. Daga nan ne yake ganin ɗan kwaɗo mai zane-zane, wanda bai fi kan yatsa girma ba, manne a jikin kara. Daga nan yake ganin tsuntsun da ake kira jakana, mai dogayen yatsu, yana takawa a kan ganyen bado ba tare da ya nutse ba. Wannan tsuntsu akwai abin lura a rayuwarsa: macen ta yi ƙwai ta tafi abinta, namijin ne yake kwanci, shi ne kuma yake renon 'ya'yan. In ya hango haɗari sai ya cusa su ƙarƙashin fukafukansa ya gudu da su, ba a ganin komai sai ƙafafunsu suna reto. Akwai wata dabba dangin barewa, sitatunga, da Allah ya ba dogayen kofato masu buɗewa don ta taka taɓo da ciyawa mai yawo a kan ruwa. In ta tsorata takan nutse duka, ta bar hanci kawai a waje. A cikin duhun manyan itatuwan bakin ruwa kuma akwai wata ƙatuwar mujiya mai launin ja-ja wadda kifi ne abincinta. Mai sa'a ne yake ganinta, kuma kusan kullum jagora ne yake nuna masa. An ƙidaya nau'in tsuntsaye sama da 400 a wannan fadama.

Mai tafiya a mokoro zai lura ruwan garau yake, ana hangen yashin ƙasa, kuma babu ɗanɗanon gishiri a cikinsa. A nan ne babban al'ajabin yake. Kowane kogi yana ɗauko ɗan gishiri daga duwatsun da ya ratsa. Ruwan da yake shiga Okabango, kimanin kashi 2 cikin 100 ne kawai yake fita ta kogin Thamalakane. Mafi yawansa rana ce take shanyewa, ko tsirrai su zuƙe su fitar da shi ta ganye. Ruwa ya tashi, gishiri ya zauna. Bisa wannan lissafi, da tuni wurin ya zama farin fili mai gishiri, irin Makgadikgadi da ke kudu maso gabas da shi, inda wani tsohon tafki ya ƙafe. Me ya hana?

Amsar tana cikin tsibiran, kuma farkonta gara ce. Da yawa daga tsibiran fadamar daga suri suka faro. Gara ta gina surinta, ya ɗago sama da inda ambaliya take kaiwa. Tsuntsu ya sauka ya yi kashi da ƙwayar ɓaure, ko giwa ta bar ƙwallon wani itace dangin goriba. Itace ya tsiro, ƙasa ta taru, tsibiri ya yi ta faɗi shekara bayan shekara. Itatuwan da suka kewaye bakinsa suna shan ruwa mai yawa, har ruwan da ke ƙarƙashin tsibirin ya yi ƙasa da na fadamar. Sai ruwan fadama ya riƙa tsiyaya ta cikin yashi yana shiga ƙarƙashin tsibirin da gishirinsa. Itatuwa su sha ruwan su bar gishirin, ya yi ta taruwa a tsakiya, ruwan da ya yi kauri da nauyin gishiri ya nutse can ƙasa. Shi ya sa in jagora ya sauke baƙi a tsibiri suka taka zuwa tsakiyarsa, sukan tarar da farin fili babu itace, ƙasar ta yi ɓawo da kanwa. Dubban tsibirai suna wannan aiki dare da rana, don kifi da kada da ɗan Adam su samu ruwan daɗi. Babu wanda ya koya wa gara, babu wanda ya yi shawara da ɓaure. Subhanallahi.

Ita ma dorina tana da nata aikin. Kullum da dare takan fita kiwo ta bi hanya guda, nauyinta yana tattake ciyawar nan mai tsawo da Misirawan zamanin da suka riƙa yin takarda da ita. Hanyar ta zama rafi, ruwa ya samu mashiga zuwa inda bai taɓa kaiwa ba, kuma sau da yawa ta nan mokoro yake bi. Sai dai dorina ba abar wasa ba ce, tana kifar da kwalekwale in ta fusata. Saboda haka jagora yakan guji gurbi mai zurfi, ya bi gefe inda ruwa bai kai ƙugu ba, in ya ce a yi shiru a yi shiru. Yawancin waɗannan jagorori 'yan ƙauyukan bakin fadamar ne, tun suna yara suke riƙe ngashi, kuma kuɗin da baƙo ya biya yana shiga gidajensu.

Mutanen ƙasar ba su yi sakaci da wannan baiwa ba. A 1963 ƙabilar Batawana, ƙarƙashin jagorancin matar marigayi Sarki Moremi na Uku, suka keɓe wani yanki na ƙasarsu don kare namun daji daga mafarauta, shi ne gandun Moremi na yau. A 1994 Angola da Namibiya da Botswana suka kafa hukumar haɗin gwiwa ta kula da kogin. A watan Yunin 2014 hukumar UNESCO ta sanya fadamar cikin wuraren tarihi na duniya, ita ce ta cike lamba 1,000 a jerin.

Duk da haka rayuwar Okabango tana hannun waɗanda ke sama da shi. In aka tare ruwan a Angola ko aka janye shi da yawa a Namibiya, ambaliyar rani za ta ragu, kuma duk abin da muka ambata a kanta ya dogara. Mu ba baƙin wannan labari ba ne. Fadamar Hadeja da Nguru ita ma ruwan da ba ya zuwa teku ne yake ciyar da ita, tsuntsayen Turai suna sauka a Dagona da ke cikinta duk shekara. Tun da aka gina madatsar Tiga a 1974 da ta Challawa a 1992 ambaliyarta ta ragu, ciyawar kachalla ta toshe hanyoyin ruwa, masunta da manoman shinkafa sun ji a jikinsu. Muna kira ga hukumomin da ke riƙe da waɗannan madatsu su riƙa sakin ruwa a kan lokaci, a kuma taimaki mutanen bakin fadamar su share hanyoyin da kachalla ta cinye.