Wanda Ya Riga Shiga

A Faransa, mazauna cikin kilomita 20 daga tashar lantarki ta nukiliya hukuma kan ba su wasu ƙwayoyi kyauta su ajiye, ba a sha sai ta ba da umarni. A Madobi ba mai ajiye su, don Najeriya ba ta da irin wannan tasha, sai ƙaramar na'urar bincike da ke Jami'ar Ahmadu Bello, Zariya, tun 2004. Amma ƙwayar ta isa a tsaya a dube ta.

Aidin ne a cikinta, dangin wanda ake sa wa gishiri. A gaban wuya Allah ya halicci wani ɗan nama, wanda in ya kumbura ake kira maƙoƙo, aikinsa tsotse aidin daga jini. Sai dai ba ya tantancewa. Idan tasha ta yi hatsari, hayaƙinta na ɗauke da wani aidin mai guba, kuma naman nan hannu bibbiyu zai karɓe shi. Ƙwayar ba ta kashe gubar. Riga ta shiga take yi, ta cika wurin, gubar ta zo ta rasa masauki, ta fice ta fitsari. Mai noman rani a Kura ko Bunkure ya san haka: fangalin da ya ƙoshi da ruwan Tiga, ko an ƙara buɗe masa, wucewa ruwan yake yi.

Shi ya sa amfaninta a 'yan sa'o'i yake. Bayan hatsarin tashar nukiliya ta Chernobyl a 1986, Poland ta shayar da yara sama da miliyan 10 ruwan aidin cikin kwanaki. A ƙauyukan Tarayyar Soviet kuwa yara suka ci gaba da shan nonon shanun da suka yi kiwo a gurɓatacciyar ciyawa. Zuwa 2005, fiye da 6,000 sun kamu da sankarar wannan nama. Na yara ya fi saurin cutuwa.

Zuciyar yaro ma ba ta tambayar daga ina abu ya fito. Iyaye da yawa sai sun ga baƙar ɗabi'a ta zauna daram suke neman bulala, alhali bulala ba ta fitar da abin da ya riga ya samu wuri. Tsakanin la'asar da isha'i, uba yana gona ko majalisa, uwa tana madafa, wani yana cika yaron: kaka da tatsuniya, malam da allo, ko wayar yayansa.