Kowa Ya Ci Zomo Ya Ci Gudu: Neman Ƙofar Ƙarshe a Minecraft

Wasan Minecraft, wanda Markus Persson ɗan ƙasar Suwidin ya fara fitarwa a 2009, ba ya zuwa da taswirar da mutum ya zauna ya zana. Duk sa'ad da ka buɗe sabuwar duniya, kwamfuta ce ke gina ta daga wata lamba guda da ake kira iri. Daga wannan lambar ake lissafo inda dutse zai tsaya, inda teku zai kwanta, da inda ƙauye zai zauna. Lambobin da za a iya zaɓa sun haura biliyan biliyan 18. Idan mutum biyu suka sa iri ɗaya a sigar wasan ɗaya, duniya ɗaya za su samu, ko da ɗaya yana Kano ɗaya yana Tokiyo.

A cikin kowace duniya akwai kagarori binne a ƙarƙashin ƙasa, kuma a cikin kagarar ne ɗakin ƙofar ƙarshe yake, wadda ta nan ake shiga inda dodon wasan yake jira. A sigar Java kagarorin 128 ne, an jera su zobe-zobe kewaye da tsakiyar duniyar. Zoben farko uku kawai yake ɗauke da su, kuma mafi kusa ba ta kasa nisan bulo 1,280 daga tsakiyar. Ƙofar tana da gurbi 12, kowanne sai an sa masa abin da ake kira idon Enda kafin ta buɗe.

Samun idon nan shi ne wahalar. Sai an haɗa lu'ulu'un Enda da garin sandar Blaze, wani dodon wuta da sai an shiga duniyar Nether ake iske shi. Idan ka jefa idon sama, zai tashi ya nufi ɓangaren da kagara mafi kusa take, sannan ya faɗo. Sau ɗaya cikin biyar yakan fashe, ka yi asararsa. Haka za ka yi ta jifa kana tafiya, har idon ya nutsa ƙasa, ka fara haƙa.

Amma akwai hanyar da ta fi wannan sauƙi nesa ba kusa ba. Ka tambayi wasan lambar irinka, ka kai ta wani shafin intanet irin Chunkbase, cikin daƙiƙoƙi kaɗan ya nuna maka inda kowace kagara take. To, wanda ya yi haka ya yi maguɗi ne? Idan ya yi, wa ya cuta?

Mu da muke rubuta manhaja mun san cewa babu wani asiri a wurin. Kagarar tana inda take tun kafin mai wasa ya ɗaga ƙafa. Shafin bai ƙirƙiri komai ba, lissafin da wasan ke yi ne ya maimaita. Wannan ne ya sa wasu daga cikinmu suke cewa neman da ido yaudarar kai ne: amsa tana aljihunka, kana yawo a daji kamar ba ka sani ba. A aikinmu na yau da kullum, wanda ya ɓata awa uku a kan abin da umarni ɗaya zai warware, faɗa za a yi masa.

Sai dai wasa ba aiki ba ne, kuma nan ne wannan hujjar take tuntuɓe. Masanin falsafa Bernard Suits ya yi bayani a 1978 cewa abin da ya sa wasa ya zama wasa shi ne mutum ya yarda da kansa ya ɗauki hanya mai wuya alhali mai sauƙi tana nan. Mun san haka tun muna yara. Mai yin langa yana da ƙafa biyu lafiyayyu, amma ya riƙe ɗaya. In ya sake ta zai fi kowa saurin kai wa sha, sai dai abin da ya yi ya tashi daga langa. A Minecraft, rashin sanin inda ƙofar take shi ne ƙafar da muka riƙe. Duniyar an riga an ƙayyade ta, amma mu ba mu sani ba, kuma wannan rashin sanin ne yake mai da tafiyar ta zama nema na gaske. Gidan da ka gina a hanya don dare ya yi, kogin da ka haye da kwalekwale, idon ƙarshe da ya fashe ya tilasta maka komawa Nether, duk ba za su faru ba in ka san wurin tun farko.

Duk da haka ba za mu yi saurin kiran mai duba taswira macuci ba. Mutumin da ke wasa shi kaɗai, yana da awa ɗaya kafin a ɗauke wuta, abin da yake so shi ne ya ga dodon da idonsa. Bai ɗauki haƙƙin kowa ba. Wasan ma da kansa yana da umarnin da ke nuna kagara mafi kusa ga wanda ya kunna damar hakan. Abin da ya yi shi ne ya sauya wasan da yake bugawa, kuma yana da ikon yin haka. In akwai asara, tasa ce.

Maganar tana sauyawa ne idan wani ya shigo ciki. A duniyar da abokai suke tarayya, wanda ya duba iri a ɓoye ya riga kowa zuwa ƙofar ya kwashe wa sauran abin da ba zai iya mayar musu ba, wato damar su zama su ne suka gano. In kuma ya dawo yana ba da labarin yadda ya sha wuya, ya haɗa da ƙarya.

Masu tseren gama wasan da sauri sun daɗe da gane wannan. Sun raba tserensu gida biyu: na irin da aka sani tun farko, da na irin da kwamfuta ta zaɓa ba tare da kowa ya san shi ba. A na farkon, haddace inda kagara take gwaninta ce da ake yabawa. A na biyun, sanin irin tun kafin farawa maguɗi ne. Ilimi ɗaya ne, hukunci biyu, domin alkawarin da aka yi wa masu kallo ya bambanta. A cikin tseren irin da ba a sani ba ma, ƙwararru sukan jefa ido daga wurare biyu, su karanta kusurwar kowanne, su lissafa inda layukan biyu za su haɗu. Wannan ba ya karya alkawari, don daga abin da wasan ya nuna musu suka ciro amsar.

Abin da ya faru da Dream, ɗaya daga cikin shahararrun masu wasan a YouTube, ya nuna nauyin wannan alkawarin. A watan Disamba na 2020, masu kula da tseren suka fitar da bincike kan wasannin da ya yi kai tsaye. A cikin musaye 262 da ya yi da halittun Nether masu karɓar zinariya, ya sami lu'ulu'u sau 42, alhali abin da ake tsammani bai wuce sau 12 ba. Blaze 305 da ya kashe sun ba shi sanda 211, a inda rabi ne aka saba. Suka ce yiwuwar a sami irin wannan sa'ar ɗaya ce cikin tiriliyan 7.5, suka soke sakamakonsa. Ya daɗe yana musu, sai a watan Mayu na 2021 ya yarda cewa wasansa yana ɗauke da wani gyara da ya ƙara masa sa'a, yana mai cewa bai san gyaran yana aiki ba. Babu wanda zai damu da ya gyara wasansa don nishaɗin kansa. Abin da ya tayar da ƙura shi ne an ajiye sakamakonsa kusa da na waɗanda suka yi ta gwadawa sau dubbai da sa'ar da kowa ke da ita.

Hausawa sun ce kowa ya ci zomo ya ci gudu. Karin maganar bai hana kowa sayen zomo a kasuwa ba. Abin da bai dace ba shi ne ka sayo, ka shafa ƙura a ƙafa, ka shigo cikin mafarauta kana haki.

Wannan tambayar ba za ta tsaya a Minecraft ba. Kullum kayan da ke miƙo mana amsa a tafin hannu ƙaruwa suke yi, daga taswirar waya zuwa manhajar da ke rubuta wa ɗalibi aikin gida. Kafin mu miƙa hannu, abu biyu ya kamata mu tantance. Na farko, amsar muke bukata ko kuwa neman ne zai gina mu? Mai kai mara lafiya asibiti amsa yake bukata, ya buɗe taswira. Mai koyon lissafi kuwa neman ne abincinsa. Na biyu, me muka bari mutane suka ɗauka game da yadda muka samu? Na farkon tsakaninmu da kanmu ne, kuma muna iya yi wa kanmu sassauci. Na biyun haƙƙin wasu ne, ba mu da ikon yafe wa kanmu shi.