Tekun Da Ba A Kukan Mutuwa A Cikinsa

 

Ya 'yan'uwa matasa, a kusan ƙarshen littafin Dare Dubu da Ɗaya, wanda aka buga cikakkensa da Larabci a Bulak ta ƙasar Masar a shekarar 1835, akwai hikayar wani teku da babu shi a taswirar kowa. Wani matalaucin masunci mai suna Abdullahi ya jefa taru, ya kamo wani taliki rabinsa mutum rabinsa kifi, Musulmi ne, shi ma sunansa Abdullahi. Suka ƙulla abota, na tudu yana kawo 'ya'yan itace, na ruwa yana biyansa da lu'ulu'u da murjani. Wata rana na ruwa ya shafe abokinsa da man wani ƙaton kifi da ake kira Dandan, ruwa ya daina cutar da shi, suka nutse tare. Ya ga birane a ƙarƙashin teku, ya ci ɗanyen kifi har ya gundure shi, yara suka yi ta yi masa dariya don ba shi da wutsiya.

Da zai koma gida, na ruwa ya ba shi wata jaka amana, ya kai masa Madina. A hanya sai suka tarar da taro, ana ci ana sha ana waƙa. Masunci ya tambaya ko biki ne, aka ce a'a, mutuwa aka yi. Da na ruwa ya ji cewa mutanen tudu kuka suke yi in an yi musu rashi, sai ya karɓe jakarsa. Hujjarsa ita ce, rai ajiyar Allah ne, wanda kuwa yake kuka don mai ajiya ya karɓi ajiyarsa bai cancanci a ba shi amana ba. Nan abota ta mutu.

To, shin ya yi gaskiya? Kada mu yi saurin cewa ai tatsuniya ce, domin hujjar tana da nauyi, kuma muna jin irinta a zangunanmu. Sau nawa muka shiga gidan makoki a Nima ko Kumasi muka ji wani yana daka wa uwar da ta rasa ɗanta tsawa, wai ta yi shiru, kukanta rashin tawakkali ne? Mafi yawa ma mu ne, samari da muka fara leƙa littattafai, muke wannan gaggawa.

Rabin maganar na ruwa daidai ne. Mu na Allah ne, gare Shi za mu koma. Shi ya sa shari'a ta hana marin fuska da yage tufafi da kururuwa irin ta jahiliyya, ta kuma taƙaita zaman makoki ga kwana uku, ban da mai takaba da za ta yi wata huɗu da kwana goma.

Amma fa inda ya kuskure, ya ɗauka hawaye gardama ce da hukuncin Ubangiji. A shekara ta 10 bayan Hijira, lokacin da Ibrahim ɗan Manzon Allah (SAW) yake kan gargara, idanun Manzo suka zubar da hawaye, har Abdurrahman bin Auf ya yi mamaki. Sai ya sanar da shi cewa wannan rahama ce, ido zai zubar, zuciya za ta yi baƙin ciki, harshe dai ba zai furta abin da Allah bai yarda da shi ba. Annabi Yaƙubu kuwa, Suratu Yusuf ta gaya mana idanunsa sun yi fari saboda baƙin cikin ɗansa, ba a kuma cire shi daga masu haƙuri ba. Wa zai ce waɗannan ba su san amana ba? Wanda aka ba ajiyar yaro, aikinsa ya ƙaunace shi, ba kamar mai ajiyar jakar kuɗi ba, kuma wanda ya ƙaunaci abu dole rabuwa ta yi masa zafi. Mutanen wancan teku, a ganinmu, sun sami sauƙin mayar da ajiya ne don ba su taɓa rungumarta ba.

Akwai kuma abin da ya fi damun mu. Mu mazauna zango tsakanin na ruwa da na tudu muke rayuwa kullum. Mu muna binne mamaci a ranar da ya rasu, maƙwabtanmu Asante kuwa sukan ajiye gawa makonni, su fito ran Asabar da baƙi da jan zane da ganguna. Ba za mu bi su ba, addininmu a sarari yake. Sai dai Abdullahi na ruwa bai tsaya ya karantar da abokinsa ba, bai ma saurari uzurinsa ba, alhali su duka Musulmi ne, sun daɗe suna ciniki ba a taɓa kama masuncin da ha'inci ba. Tambaya ɗaya, amsa ɗaya, ya juya baya.

Hikayar ta ce masuncin ya daɗe yana zuwa bakin teku yana kiran sunan abokinsa, ba wanda ya amsa.