Ko Ya Kamata Mai Bi Ya Karɓi Diyya?

Ƙasar Ruma ƙasar manoma ce. Daga Batsari, da Safana, da Runka, manyan motoci suna kwasar hatsi da itace da dabbobi zuwa kasuwannin Katsina da Jibiya da Dutsin-Ma. Sau da yawa a kan ɗora mutane bisa kaya, gama kuɗin wurin ya fi sauƙi. Hukumar kiyaye haɗura, wadda aka kafa a 1988, ta daɗe tana hana wannan, amma ba a daina ba. In birki ya tsinke, ko taya ta fashe, a rana ɗaya gidaje da yawa su kan rasa masu ciyad da su.

Mun san abin da ya kan biyo baya. Mai mota ya zo ta'aziyya tare da manyan tasha, da buhun hatsi da ɗan kuɗi. Wan mamaci ya ce, “Kwana ne ya ƙare. Mun yafe, mun bar wa Allah.” Kowa ya yaba masa, a watse. Matar kuwa tana cikin ɗaki da 'ya'ya ƙanana, ba wanda ya tambaye ta. Wannan shi ne gafarar da Ubangiji ya umurce mu? Bari mu bincika.

Waɗansu suna cewa karɓan diyya sayad da jini ne. Gaskiya ne, rai ba shi da farashi. Cikin Littafin Lissafi sura 35 an hana karɓan fansa daga wanda ya yi kisa da gangan. Amma cikin Fitowa sura 21 akwai shari'ar sa mai tunkuyi. In mai shi ya san halinsa, an gargaɗe shi, bai tsare shi ba, har ya kashe mutum, alhakin yana wuyansa, a kan kuwa iya aza masa fansa ya biya. Ashe Littafi Mai Tsarki ya raba tsakanin ganganci da sakaci, amma bai ce sakaci ba laifi ba ne. Motar da mai ita ya san birkinta ya mutu, ya kuwa tura ta hanya da lodi, ita ce sa mai tunkuyi na zamaninmu.

Maƙwabtanmu Musulmi sun san wannan tun da daɗewa. A shari'arsu diyyar kisan kuskure raƙuma 100 ne, ko dinari 1,000 na zinariya. Dangin mai laifi su kan taru su biya cikin shekara 3, a raba wa magada kamar gado. Turawa ne suka makara. A Ingila sai a 1846 aka yi dokar da ta ba iyalin mamaci ikon kai ƙara. Kafin nan wanda aka karya masa ƙafa yana da hakki, wanda aka kashe kuwa iyalinsa ba su da kome. Irin dokan nan tana cikin kundin dokokin Jihar Arewa na 1963. Tun dokar 1945 kuma aka wajabta wa mai mota ya yi inshora saboda waɗanda motarsa za ta yi wa lahani. Alƙali ba ya auna darajar ran mutum. Abin da ya kan auna shi ne ci da sha da sutura waɗanda mamacin zai kawo gida da yana da rai.

Domin wannan muna cewa, diyya abincin marayu ce. Gafara kuwa aikin zuciya ne: ka bar ƙiyayya, ka bar ramuwa, ka yi wa direba addu'a, gama shi ma yana ɗauke da nauyi mai girma. Wannan kowa yana iya bayarwa, ya kuwa wajaba a kanmu. Amma kawu ba shi da iko ya yi kyauta da tuwon ɗan ɗan'uwansa domin a ce shi mai haƙuri ne. Gafarar da wani ya sha yabonta, wani kuma ya kwana da yunwa saboda ita, ba ta gamshi Allah ba, shi da ya ke uban marayu.

Waɗansu za su tuna mana Bulus ya tsauta wa Korantiyawa saboda kai juna ƙara. Haka ne, amma ya ce a sami mai hikima cikin ekklesiya ya raba gardama. Bai ce a binne hakki ba. Sulhu ya fi kotu, gama shari'a ta kan daɗe, lauya kuma ba ya aiki kyauta. Sai dai sulhun ya zama na gaskiya. Kada a yi shi ranar biso, sa'ad da hawaye ya rufe ido. Matar ta zauna a wurin, ta faɗi nata. A tambayi takardar inshora, a rubuta abin da aka shirya gaban shaidu, a ajiye rabon yara domin abincinsu da makarantarsu. In mai mota ya ƙi, zuwa wurin alƙali ba zunubi ba ne.

Ku kuma 'yan'uwa masu motoci, ku tuna da Zakka. Sa'ad da ceto ya shiga gidansa, bai jira sammaci ba, shi da kansa ya yi alkawarin mayar da abin mutane. Ku gyara birki tun mota ba ta tashi ba, ku hana direba tuƙi da barci a ido. In tsautsayi ya auku, ku riga kowa zuwa gidan gwauruwa da abin da ya ke hakkinta.

Dattawan ekklesiya, wannan aiki naku ne. Ku yi magana a madadin wadda kunya da baƙin ciki suka rufe mata baki. Allah ya ba mu zuciya mai gafara, da hannu mai adalci. Amin.