Bawan da Ya Ƙi Aiki, Ya Yi Zunubi?

A shekara ta 1853 Henry Bleby, mai wa'azin bishara a tsibirin Jamaika, ya buga littafi a kan ƙarshen bauta a can. A ciki ya ba da labarin Samuel Sharpe, bawa ne, dikon kuma cikin ikilisiyar Baftis. Sharpe ya gargaɗi 'yan'uwansa su zauna bayan Kirsimati na 1831, kada su taɓa rake sai an biya su lada. Al'amarin ya fi ƙarfinsa, aka ƙone gonaki, jini ya zuba. Aka rataye shi a 1832. A 1833 majalisar Ingila ta kafa dokar 'yanta bayi.

Iyayengijin bayi sun riƙe Afisawa 6:5 kamar bulala, suka tsallake Fitowa 21:16, inda shari'a ta yanke wa mai satar mutum hukuncin mutuwa. Ɓarawo ba ya bin wanda ya sato bashin biyayya. Saboda haka ƙin aikin Sharpe ba zunubi ba ne. Amma jinin da ya zuba fa, alhakinsa yana wuyan wa? Ku karanta ayoyin nan biyu tare, ku auna kafin ku amsa.