Agogon Wa Za Mu Bi?

Duk mai sauraron rediyon Hausa ya saba jin mai gabatarwa yana faɗin lokaci sau biyu: ƙarfe kaza agogon Ghana, wato ƙarfe kaza agogon Najeriya da Nijar. Awa guda cur ce tsakanin mai sauraro a Bawku da ɗan'uwansa na Katsina, kuma ba wanda ke tayar da jijiyar wuya a kan haka. Amma bari wani masallaci ya ce an ga wata, wani ya ce ba a gani ba, sai ka ji maganganu marasa daɗi, har wa da ƙane su ƙi kai wa juna tuwon Sallah. Shin zaman tare ba zai yiwu ba sai lokacinmu ya zama ɗaya?

Mu ɗauki Navrongo. Gari ɗaya ne, amma duniyoyi da yawa ke cikinsa, kowace da ƙidayarta. Kasuwa tana ci duk bayan kwana 3, ba ruwanta da mako, shi ya sa sau ɗaya take faɗowa ranar Juma'a cikin kwana 21. Kiristocin da ke ibada a majami'ar nan ta ginin ƙasa, wadda tushenta ke komawa ga zuwan limaman Katolika a 1906, Lahadi suke jira. Manomi yana duban gajimare, shekararsa ba ta cika sai amfanin gona ya shiga rumbu. Mutanen zango kuwa jinjirin wata suke dako, shekararsu ta kwana 354 tana gaza ta ma'aikacin gwamnati da kusan kwana 11. Haka bikin Damba na Yendi yake bin watan Mauludi, ya zaga damina da rani. Mai sayar da koko a bakin kasuwa tana riƙe da waɗannan lissafai duka a kanta, ba ta kuma ruɗewa.

Shi kansa agogon da muke ɗauka alƙali, yarjejeniya ce ta mutane. A 1884 wakilan ƙasashe suka zauna a Washinton suka amince a fara awon duniya daga layin da ya ratsa Girinic ta Ingila. Layin nan ya sauko ta Ghana, ya bi dab da Yendi, ya faɗa teku a Tema. Rana tana kaiwa tsaka a Kano kimanin minti 34 kafin Yendi, amma agogo ya ce awa guda ce. Haka kuma zawalin Navrongo yana bayan na Yendi da kusan minti 4, alhali agogonsu ɗaya. Agogo bai yi ƙarya ba, an dai ƙirƙire shi ne don mutanen da ke nesa da juna su iya cika alkawari.

Kakanninmu sun san wannan tun ba su da agogo. Fataken Gwanja sukan tashi daga Kano su yi watanni a hanya kafin su isa Salaga sayen goro. Madugu bai san ranar da aka ɗauki azumi a gida ba, iyalinsa ma ba su san tasa ba, kuma ba wanda ya ce azumin ɗaya ya ɓaci. Abin da ya riƙe su shi ne magana: zan dawo kafin ruwa ya sauka, zan biya bashin idan ayari ya juyo. Nakan ce da a ce wani malami irin Alhaji Umaru, ɗan Kano da ya zauna Salaga ya kuma rasu a Kete-Krachi a 1934, ya bar mana littafi a kan daidaita lokaci tsakanin garuruwa, babinsa na farko a kan amana zai kasance, lissafin taurari ya biyo baya.

A Musulunci ma akwai gurbin wannan. Imamu Muslim ya kawo labarin Kuraibu, wanda ya ga watan Ramadan a Sham daren Juma'a, ya zo Madina ya tarar sun gan shi daren Asabar. Ibnu Abbas ya tsaya a kan ganin mutanen Madina, bai kuma ce na Sham sun yi kuskure ba. Malamai sun yi saɓani a kan iyakar hukuncin, wannan fagensu ne. Ni abin da na ɗauka shi ne ladabin.

Wani zai ce: to ai Sham da Madina garuruwa biyu ne, mu kuwa unguwa ɗaya muke, ga waya, ga sanarwar Babban Limamin Ƙasa. Wannan magana tana da nauyi, kuma ina tare da ita. Sallar Idi ta jama'a ce, hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka, kuma wanda ya ware don kawai a san da shi ya cuci unguwarsa. Sai dai idan an yi iya ƙoƙari ba a dace ba, me ya rage? Idan muka rasa rana ɗaya, kada mu haɗa da rasa juna.

A ganina lokaci iri biyu ne. Akwai na alkawari: ranar biyan bashi, ranar ɗaurin aure, sa'ar da ka ce wa mutum ya jira ka a tasha. Wannan dole ya zama ɗaya, domin wanda ya shanya ka awa biyu ya ci wani yanki na rayuwarka da ba zai iya biya ba. Akwai kuma wanda kowace al'umma ke auna ibadarta da nomanta da shi. A nan haƙƙin maƙwabci shi ne ka san nasa, ka girmama. Abin mamaki, mun juya al'amarin: muna sakaci da na farko, muna faɗa a kan na biyu.

Saboda haka idan maƙwabcinka ya sha ruwa yau kai kana da sauran kwana guda, ka yi masa barka da Sallah da bakinka na mai azumi. Gobe shi zai tako ya yi maka.