Ruwa Ba Ya Tsami Banza: Alhakin Na Tudu A Kan Na Gangare

Akwai wata tambaya da ya kamata duk mai riƙe da alƙalami ya juya ta a zuciyarsa. Idan mutum guda ya zuba guba a rijiya, aka sha aka halaka, ba sai an wahalar da alƙali ba, kowa ya san mai laifi. To, amma idan mutum dubu ne suka bi layi, kowannensu ya ɗiga ɗigo ɗaya tak, wanda shi kaɗai ko ƙuda ba zai kashe ba, sannan aka sha aka halaka, wa za a kama? Kowa zai dafa Alƙur'ani ya rantse ba shi ya yi kisa ba, kuma a zahiri bai yi ƙarya ba, alhali ga gawa kwance.

Kada mai karatu ya ɗauka kacici-kacici nake yi. Abin da ke faruwa ke nan duk shekara idan damina ta faɗi. Dubi titin Kano zuwa Katsina inda ya ratsa garin Bici. Wata bakwai ko fiye ana rani, ƙazanta na taruwa a gefensa: baƙin man da bakanike ya tsiyaye a ƙasa, ruwan sabulun masu wankin mota, jini da tumbin mahauta, matattun batura, da ledar da ba ta ƙirguwa. Ran da aka yi ruwan farko, sai ya ɗebe wannan tarkace gaba ɗaya ya yi gangare da shi, ya shiga kwata, daga kwata sai rafi, daga rafi sai fadama da kududdufin da ake shayar da dabbobi, yara kuma na wanka a ciki. Iyayenmu mata sun san da haka tun tuni, shi ya sa ba sa tara ruwan farko daga indararo, sai rufi ya wanku.

Wanda ke son ganin ƙarshen wannan hanya ya leƙa Jakara. Wannan rafi ya ratsa tsakiyar birnin Kano yana karɓar ruwan kwatocin unguwanni, can gaba ya haɗu da Getsi mai ɗauke da dagwalon masana'antun Bompai, su zarce dam ɗin Wasai a ƙasar Minjibir. A bakinsa ake noman latas da kabeji da alayyafo, a loda su a komo da su kasuwannin birni. Ka ga abin da aka zubar da safe ya dawo cikin akushi da dare. Mu ma nan kusa da mu ga dam ɗin Watari a Bagwai. Kogin Watari na zuba a Calawa, Calawa ta haɗu da kogin Kano, su nausa Haɗeja. Ashe kowane na tudu, na gangaren wani ne.

A da, tsakanin birni da karkarar da ke kewaye da shi akwai wani ciniki mai albarka. Jakuna na shiga da itace da hatsi, su fito da mangala cike da shara da toka da kashin dabbobi, a zuba a gona. Da wannan taki manoman ƙasar Kano suka riƙa noma gona guda shekara da shekaru ba tare da sun bar ta ta yi saura ba. Sharar wancan zamani ƙasa na cinye ta. Ta yau kuwa leda ce da gilashi da sinadari, ƙasa ba ta cin su. Shara ta sake hali, mu ba mu sake namu halin na zubar da ita ba.

Wani zai ce ai aikin hukuma ne, kuma akwai doka. Gaskiya ne. A 1988, bayan da aka gano gangunan dagwalo mai guba da aka kawo daga Italiya aka jibge a garin Koko, gwamnatin soja ta kafa hukumar kare muhalli ta FEPA. A 2007 kuma aka kafa NESREA domin tabbatar da bin ƙa'idojin muhalli. Sai dai doka ta fi iya kama mai bututu. Masana'anta tana da suna da ƙofa, ana iya auna abin da take fitarwa, a ci ta tara. Ruwan da ya wanke gari guda fa, ƙofar wa za a ƙwanƙwasa? Hatta Amurka, da ta yi babbar dokar tsabtar ruwa a 1972, sai a 1987 ta yi mata gyaran da ya tsara yadda birane za su nemi izinin sakin ruwan kwatocinsu. Inda hannun doka ya gaza kaiwa, nan ne ake gane mai tsoron Allah.

Addininmu bai bar mu cikin duhu ba. Manzon Allah (SAW) ya yi hani da biyan buƙata a mashayar ruwa, da kan hanya, da inuwar da mutane ke hutawa, ya kuma hana cuta da cutarwa. Malaman Malikiyya sun yi dogon bayani a kan hukuncin wanda ya juya indararonsa gidan maƙwabci. Abin da ya rage mana shi ne mu faɗaɗa fahimtarmu ta maƙwabtaka. Mun saba ƙirga maƙwabci da katanga. Ya kamata mu ƙirga shi da magudana: duk wanda ruwanka ke gangara masa maƙwabcinka ne, ko da ba ka taɓa ganin fuskarsa ba. Bugu da ƙari, a makarantar zaure an koya mana gane gurɓataccen ruwa da launi da ɗanɗano da wari. Wannan hukuncin tsarki ne, kuma yana nan daram. Amma dalma da ire-irenta na iya zama cikin ruwa garau, ba launi ba wari. Ruwa na iya halatta a yi alwala da shi, ya kuma cutar da yaron da ya sha.

Za a iya cewa, bakaniken da ke neman na tuwo ina zai kai baƙin mai, tunda ba a tanadar masa wuri ba? Wannan uzuri ne mai nauyi, kuma yana ɗora wa hukuma nata kason. Amma uzuri rage laifi yake yi, ba ya mayar da guba madara. Jarka guda ta isa a tara man a ajiye. Manomin da ya wanke tankin feshi a bakin rafi, shi ma ya ɗiga nasa ɗigon. Attajirin da ya cike kududdufi ya yi kanti, ya toshe wurin da ruwa ke tsayawa ya kwanta, ya tura wa talaka ambaliya. Gamba da jemar da kakanninmu ke dasawa a iyakar gona da bakin fadama suna rage wa ruwa gudu, su tace laka. Dasa su bai fi ƙarfin kowa ba. Laifi tudu ne, in ji Bahaushe, ka taka naka ka hango na wani.

Amsar tambayarmu ta farko ke nan: yawan masu laifi ba ya shafe laifi, raba shi yake yi, kowa da ƙullinsa. A nan aikinku yake, 'yan'uwa marubuta. Ido ba ya iya ganin bakanike da yaron da ke shan ruwan rafi a lokaci guda, amma labari na iya zaunar da su a shafi ɗaya. Mun cika takardu da soyayya da kishi, ba laifi. Sai mu ƙara da labarin ruwa, mu bi shi daga indararo har fadama, domin mai karatu ya ga wanda ke ƙarshen kwatarsa.

Allah Ya ba mu damina mai albarka, Ya kiyashe mu ɗaukar alhakin wanda ba mu sani ba, amin.